Kan Takwarata da Matan Bango

Na zo garin Greensboro, can ƙasar Turawa, da akwati ɗaya da jakar hannu, kuma a cikin duk abin da na ɗauko babu wanda ya kai kibiyar kitsona daraja, wadda na gada daga yayar mahaifiyata. Shekara talatin da wani abu ina kitso a unguwarmu. Amare sun kwanta a cinyata, masu jego sun kwanta, har matan da ba sa ga-maciji da juna sun zauna tabarma ɗaya a tsakar gidana suna jiran hannuna. Ban yi boko ba, ban san harafin Turawa ko ɗaya ba, amma in na tsaga kai sai ka rantse da zare aka auna.

Ɗana na fari ne ya aika aka ɗauko ni, cikin shekarun nan na casa'in, shi ya san lissafin shekarar. Yana karatun noma a jami'ar da ke gabashin garin, yana kuma koyarwa. Matarsa tana aiki a gidan kula da tsofaffi, fitarta tun duku-duku. 'Yarsu ɗaya a lokacin, shekararta tara, sunana aka sa mata. Don haka ubanta ba ya kama sunan, Mama yake ce mata, ni kuwa takwara nake kiranta. A can aka haife ta. In na yi mata Hausa tana ji sarai, sai dai ta mayar mini da Turanci, ranar da ta ga dama kuwa ta yi Hausar, sai ta ce mini “kai Kaka”, kamar da wani dattijo mai gemu take magana.

Washegarin saukata na zaunar da ita na kwance 'yan robobin da uwarta ta ɗaure mata kai da su. Na ga gashi. Baƙi wuluk, mai cika, in ka sa yatsa sai ya ɓace a ciki, irin na danginmu sak. Na ce alhamdu lillahi, ashe ban zo zaman banza ba.

Daga nan kowace Asabar da hantsi sai in shimfiɗa zane a falo, in ɗauko man kaɗanyar da na zo da shi, ta zo ta ɗora kanta a cinyata. In tsefe, in taje, in tsaga, ina yi ina ba ta labarin mutanen gida, wanda ya mutu da wanda ya yi saura. Ku gane halin da nake ciki. A ƙasar nan ba na zuwa kasuwa, don kasuwar ma sai da mota. Tarho in ya yi ƙara sai dai in zuba masa ido. Maƙwabci in ya gaishe ni sai dai in ɗaga hannu kamar kurma. Kan yarinyar nan shi ne gonata, shi ne rumfata, nan kaɗai nake gwana ba baƙuwa ba.

To, a gidan da ke jikin namu, shingen waya ne kawai tsakani, akwai wata tsohuwa baƙar fata 'yar ƙasar, tsarata ko ta ɗan girme ni. Kowace Lahadi za ta fito zuwa coci da malafa, ta wannan makon daban ta wancan daban, wata da gashin tsuntsu, wata da furen roba. Sai na raɗa mata Mai Malafa, duk gidanmu aka kama. Wata rana surukata ta ce mini, “Ai Mama, sana'arku ɗaya. Shekara arba'in tana da shagon gyaran gashi a titin nan, gadon uwarta ne. Da gwiwa ta hana ta tsayuwa ta rufe, yanzu yaran cocinsu kawai take yi wa a kicin.”

Maganar nan ba ta yi mini daɗi ba. Ban san dalili ba a lokacin.

Ita ta fara aiko mana da abinci, wani abu mai faɗi kamar faifai da aka gasa da dankalin Hausa da sukari. Mu kuwa ba ma mayar da kwano wayam. Na soya ƙosai na cika shi, na yafa mayafina, na ce wa takwara ta zo ta yi mini tafinta.

Ta ƙofar baya muka shiga, kai tsaye kicin. Ina ɗaga ido na ga bango cike da mata. Hotuna ne, wasu cikin gilashi, wasu an manna su haka nan, takardar ta yi ja don tsufa. Wata gashinta ya kwanta har kafaɗa yana sheƙi kamar an zuba masa mai. Wata da farar safar hannu, ta riƙe 'yar kwalba kusa da kumatunta. Wata tana tafiya, wani mai kwat ya waiwayo yana kallonta. Wata kuma tana gaban murhu da takalmi mai tsini da jan baki, mijinta na bakin ƙofa da hula a hannu. Dukkansu suna murmushi iri ɗaya, haƙora farare tas, ƙugu kamar na zanzaro. Baƙaƙen fata ne, amma babu wadda ta kai ni baƙi, babu wadda ta kai matar gidan.

A wurinmu hoton da ke bangon mutum nasa ne, ko mai rai ko wanda ya riga mu. Sai na ƙirga su, goma sha ɗaya. Na ce a raina lallai matar nan Allah ya ba ta. Na gyara tsayuwa na ce wa takwara, “Ce mata Allah ya raya mata su. Waɗanda kuma suka rasu a ciki, Allah ya ba ta haƙuri.”

Yarinyar nan ta dube ni, ta dubi bango, sai ta fashe da dariya har ta zauna a ƙasa.

“Kai Kaka! Ba 'ya'yanta ba ne. Talla ne!”

“Tallan me? Ina farantin?”

“Ba faranti. Man kai suke sayarwa, da man fuska. Ba ta ma san su ba.”

Ta juya ta faɗa wa Mai Malafa da Turanci. Ita ma ta yi ta dariya har tana share hawaye da gefen rigarta, ta zo ta dafa kafaɗata. Ba da mugunta ta yi ba, na sani. An sha yi mini dariya a duniya. Amma ban taɓa tsayawa ni kaɗai a gefe guda, jinina yana ɗaya gefen tare da bare suna dariyar ba.

Da suka lafa, sai takwara ta hau kujera tana karanta mini rubutun da ke ƙarƙashin kowace, tana juya shi da guntuwar Hausarta. Mai kwalbar nan, wai yarinyar da fatarta ta yi haske ita ake gayyata wurin rawa. Wadda ake waiwaye, wai namiji ba ya duban mace sau biyu in gashinta bai kwanta ba. Ta gaban murhu kuwa, wai mijin da ya dawo ya tarar da matarsa ba kwalliya zai fara daɗewa a waje. Mai Malafa ta ce duk daga shagon uwarta ta kwaso su, masu yin man ne suke aiko su tare da kaya tun tana yarinya. Ta ce a wancan zamani macen da ke neman aikin ofis ko na kanti, in kanta bai yi kama da na matan nan ba, ko kujera ba za a ba ta ba. Ta ce man haske dai ba ta taɓa shafa shi ba, da uwarta ta karya ta. Gashi kuwa, ta miƙar da na rabin matan unguwar nan, ranar aurensu da ranar da aka kai wasunsu kabari.

Mu ma a gida mun ga irin wannan. Motar nan mai lasifika takan zo ranar kasuwa da gwangwanaye masu fuskar mace a murfi. Mukan saya don gwangwanin, mu zuba kwalli ko allura. Fuskar ba ta dame mu ba, don mun san abin da ake kira kyau. A zamaninmu budurwa sai ta rina haƙoranta da fure da goro, ta sha lalle har wuyan hannu, a yi mata kitson doka ya tsaya cak. Ni ina da tsage uku-uku a gefen baki, kuma sai da aka sa su a waƙa a dandali, makaɗi ya bi ni da kalangu har ƙofar gidanmu, kawuna ya fito da sanda.

Muna tsallaka ciyawa za mu koma gida, takwara ta tsaya ta ƙura wa fuskata ido kamar ranar ta fara ganina.

“Kaka, wa ya yanka ka a nan?”

“Ado ne, takwara. Wanzami ya yi mini ina jaririya.”

“Su ba a yanka ko ɗaya ba,” in ji ta, ta wuce gaba tana tsalle.

Tun daga ranar ƙafarta ta koma can. Da motar makaranta ta sauke ta sai ta jefar da jaka ta ce za ta taya Mai Malafa shara. Ni ina taga ina kallo. Ina ganin kansu biyu ta labulen kicin, ina jin dariya, ban san abin da ake cewa ba. Ran nan ta dawo da takarda a naɗe. Tsohuwar ta ba ta ɗaya daga cikin matan, mai gashi har kafaɗa. Ta manna ta a gefen madubin ɗakin da muke kwana ni da ita. Sai ta ɗauki baƙin siket ɗin uwarta ta kifa a kai, ta tsaya gaban madubi tana kaɗa shi dama da hagu, tana gwada murmushin.

Ni da jikoki goma sha huɗu, na je Makka na dawo, sai ga ni ina kishi da takarda. In yarinyar ta tafi makaranta gida ya yi tsit, nakan zauna bakin gado mu dubi juna ni da matar nan. Nakan ce mata, “Ke 'yar gidan wa ce? Wa ya san asalinki? Kin taɓa goya ta? Kin san inda kanta yake mata ciwo in an ja?” Ita dai murmushi. Sau biyu ina juya fuskarta bango, sau biyu takwara tana dawowa ta gyara ta.

Asabar ma ta fara lalacewa. Da, in ta kwanta sai na ce ta tashi. Yanzu ina sa kibiya sai “Kaka zafi”, sai “Kaka yaushe za ka gama”, sai wai yaran ajinsu suna tambayarta me ya sa kanta yake da layi-layi kamar gonar babanta.

Da ganye ya fara ja yana zuba, sai aka aiko da takarda daga makaranta. A ƙasar nan akwai rana guda a shekara da mai hoto yake zuwa ya ɗauki kowane yaro shi kaɗai, a wanke a ba iyaye su rarraba wa dangi. Ɗana ya ce wannan karon har gida za a aika, kowane ɗaki a ba shi ɗaya. Da na ji haka na fara shiri. Na yi niyyar shuku mai ƙananan zane a gaba, irin wanda ban yi wa kowa ba sai amare biyu. Na ce duk wadda ta ga hoton a garinmu za ta san hannuna bai mutu a ƙasar Turawa ba.

Ana saura kwana uku surukata ta same ni ina tsintar shinkafa. Ta durƙusa, yarinya ce mai ladabi, ban taɓa samunta da laifi ba.

“Mama, wata alfarma muke nema. Takwararki ta dame ni da kuka. So take Mai Malafa ta miƙar mata da gashi saboda hoton nan.”

“Da me ake miƙarwar?”

“Matajin ƙarfe ne ake ɗorawa a wuta.”

“Wuta. A kan 'yar mutum.”

“Ba ya ƙona ta, Mama, ta iya. Kuma sau ɗaya ne. Ba irin mai maganin nan ba ne da yake zama. Wannan da ruwa ya taɓa shi ya koma yadda yake. Ko gumi ma.”

“Ruwa?”

“Ruwa kawai.”

Na ce, “'Yarku ce.” Na ci gaba da tsintar shinkafata. Amma maganar ruwan nan na ɗauke ta na ajiye, yadda mace take ajiye allura a gefen zane ba tare da ta san ranar ɗinki ba.

Ana gobe hoto, bayan la'asar, takwara ta tafi gidan Mai Malafa. Ta dawo gab da magariba tana tafiya a hankali, wuya a sanƙare. Ubanta na zaune ya ce, “Iye! Mama, ke ce kuwa?” Gashin ya sauko har ya wuce kafaɗa, ban taɓa sanin tsawonsa ya kai haka ba, ƙarshensa ya lanƙwasa ciki, goshi ya fito. Zan faɗi gaskiya tunda na tsufa: ta yi kyau. Da bai yi kyau ba da na samu abin riƙewa. Ta yi kyau, kuma babu ni a cikin kyan ko kaɗan. Ta wuce ni a falo ta shiga ɗaki wurin madubi, ta jera fuskarta da ta takardar.

Mai Malafa ta ba ta wani ɗankwali mai santsi ta ɗaure da shi, ta kuma yi mata kashedi da ruwa. Yarinyar nan a kife ta kwana don kada ta danne shi.

Tun tana shekara bakwai uwarta ta fara sa ta salla, da na zo kuwa ni na karɓi tashinta da asuba. Ranar ma na tashe ta. Uwarta ta riga ta fita aiki, ubanta ya bi ta don ya sauke ta ya wuce gonar gwajinsu ta wajen Summerfield. Daga ni sai ita. Muka shiga banɗaki, na riƙe buta ina zuba mata. Ta wanke hannu, ta kurkure baki, ta wanke fuska tana kaffa-kaffa da goshi. Da aka zo shafar kai sai ta zame ɗankwalin, ta yarfe hannunta har sau uku, ta ɗan taɓa sama-sama.

Na ce, “Ba haka ake yi ba.”

“Kaka, gashina.”

“Gashinki ya fi salla? Sake.”

Ta sake.

“Bai kai ƙeya ba. Kawo in nuna miki.”

Na san hukuncin. Malamin da ya koya mana a zaure ya faɗa, kuma na ji da kunnena: danshin hannu ya isa, a tafi da shi daga goshi zuwa ƙeya a dawo, shi ke nan. Ba a ce a yi wanka ba. Na sani sarai. Amma na tara tafin hannuna na cika shi da ruwa, na ɗora a goshinta na tafi da shi har ƙeya, na dawo da shi. Na ƙara cikawa. Na ƙara. Ina yi ina bisimilla a bayyane, don kada ta yi mini gardama.

Ba ta yi gardamar ba. Ta yi sallarta a bayana ruwa na bin wuyanta. Kafin mu sallame gashin ya fara tashi. Kafin gari ya waye sosai ya kumbura ya tattare, wani wuri a miƙe wani a murɗe, ba na jiya ba, ba na shekaranjiya ba. Ta tsaya gaban madubi. Ban taɓa jin kuka irin wannan ba, ba ƙara, sai wani sauti daga ƙirji kamar na ɗan akuyar da aka ɗaure nesa da uwarsa.

Ta ruga ta buga ƙofar Mai Malafa, ba kowa, ashe ranar asibitinta ce ta gwiwa, an zo an ɗauke ta da sassafe. Ta dawo. Saura kamar rabin awa motar makaranta ta iso.

Na riga na shimfiɗa zanen. Man kaɗanya na gefe, kibiya na hannuna. Na ce, “Zo, takwara. Zo in gyara miki.”

Ta dubi zanen, ta dubi kibiyar, ta dube ni. Yaro ba wawa ba ne. Ta zo ta kwanta don ba ta da wata hanya. Wuyanta kamar icce. Ban taɓa kitso da sauri irin na ranar ba, kuma ban taɓa yin wanda ya fi shi ba. Shuku ya tsaya, zanen gaba goma sha biyu, kowanne kamar ɗan'uwansa. Da ta tashi, cinyata ta jiƙe sharkaf har fata. Ta ɗauki jakarta ta fita ba sallama.

Da yamma surukata ta dawo ta ga kan, ta ji labari daga bakin 'yarta a ɗaki. Ta fito ta same ni. Ba ta ɗaga murya ba.

“Mama, da buta aka yi shafar kan ne?”

Na ce, “Alwala aka yi.”

Ta ce, “To, Allah ya karɓa.” Ta shiga kicin. Da zagina ta yi da ya fi mini sauƙi.

Mai Malafa ma ta leƙo da sandarta. Na shirya wa faɗa, ko da ba na jin yaren. Sai ta kama haɓar yarinyar ta juya kan dama da hagu, ta bi tsagar da ɗan yatsa tun daga goshi har tsakiya, ta girgiza kai ta yi magana. Surukata ce ta juya mini, don takwara ta ƙi. Wai tunda take ba ta taɓa ganin tsaga miƙaƙƙiya haka ba, wai kakarta ta wajen uwa takan yi irin wannan amma hannun ya ɓace a gidansu. Ko kun san yabon nan ma haushi ya ba ni? Na ce a raina, komai sai ta fi ni, har da kyan hali.

Hoton ya iso bayan mako uku. Kitso ya fito raɗau, ko makaho ya shafa ya san gwana ce ta yi. A ƙarƙashinsa kuwa wata yarinya ce da kumburarrun idanu, baki a tsuke, tana kallon gefe. Ɗana ya duba ya duba, ya mayar cikin ambulan ya sa a saman firij. Ba wanda ya ƙara maganar aikawa gida.

Na samu abin da nake so. Ba ta ƙara zuwa gidan Mai Malafa ba, kunya ta hana ta. Ta cire takardar daga madubi da kanta. Kowace Asabar uwarta ta ce ta zo, ta zo ta kwanta. Amma guntuwar Hausar nan ta ɗauke ɗif, ko “kai Kaka” na daina ji. In na ba da labari ba ta tambayar sai me ya faru. Da asuba kuwa sai ta riga ni shiga banɗaki ta murɗa makulli, ta yi alwalarta a famfo ita kaɗai. Ina tsaye a waje da buta ina jin ƙarar ruwa. Tsuntsun da ya ja ruwa, ai shi ruwa kan doka.

Wata Laraba ina ninke kaya na ji surukata tana yi wa mijinta magana ƙasa-ƙasa. Ashe mai hoton yakan dawo karo na biyu saboda yaran da ba su zo ba da waɗanda nasu ya ɓaci. Jibi ne. Yarinyar ta san da haka tun makon jiya, ta ɓoye takardar a cikin littafi, ta ce wa uwarta kada a faɗa wa Kaka, ita ta haƙura da hoton.

Kada a faɗa wa Kaka. Na zauna da rigar ubanta a hannuna har na manta ninkewa nake.

Washegari da motar makaranta ta sauke ta, ta tarar da ni a baranda da mayafi. Na ce, “Ajiye jakar.” Na kama hannunta. Ta ɗan ja, na riƙe. Muka zaga shingen muka buga ƙofar baya. Da Mai Malafa ta buɗe, na ɗora hannuna a kan yarinyar, na tura ta gaba kaɗan, na nuna murhu. Ba a buƙaci tafinta ba.

Ni na tsefe kitson da hannuna a kicin ɗin matar nan, a ƙarƙashin matan bango goma da suka rage, suna ta yi mini murmushi. Mai Malafa ta wanke kan ta busar, ta zaunar da ita a wata doguwar kujera kusa da murhu, ta ɗora matajin ƙarfe a wuta. Na ja baya zan tsaya a bakin ƙofa. Sai ta kira ni da hannu, ta jawo wata 'yar kujera da ƙafa, ta kama yatsuna ta ɗora a kunnen yarinyar, ta lanƙwasa shi ƙasa. Ashe haka ake yi, sai wani ya riƙe kunne kada ƙarfe ya lashe shi.

Na riƙe. Ta ɗauko matajin ta goga a wani tsumma fari ta ga bai ƙona ba, ta shafa mai, ta sa. Ya yi cuu, hayaƙi ya tashi, ƙauri ya cika mini hanci. Takwara ta runtse ido ta ƙanƙame gwiwata da hannu biyu. Ina jin zafin ƙarfen yana wucewa ta bayan yatsuna. Tsohuwar tana aiki tana wata waƙar cocinsu a maƙogwaro. Na zuba wa hannunta ido ina neman inda za ta kuskure, ko ta ja da yawa, ko ta bar wani wuri. Tun daga kunnen dama har muka koma na hagu ina nema. Ban samu ba.

Da ta gama sai ta tsince gashin da ya maƙale a matajin da wanda ya zuba a kafaɗar yarinyar, ta murza shi ya zama ɗan dunƙule, ta jawo wani ɗan faranti da ashana. Na gane ƙona shi za ta yi, ashe su ma ba sa barinsa a yashe. Mu kuwa binnewa muke yi, kuma ba ma barin gashin ɗanmu a gidan wani. Na miƙa tafin hannuna. Ta dube ni ta saman tabarau, ta ɗan jima, sannan ta ajiye ashanar ta sa mini shi a hannu. Na ƙulle a haɓar zanena.

Muka fito. Takwara na gaba, wuya a sanƙare kamar mai ɗauke da ƙwaryar nono a cike, gashi na lilo a kafaɗarta. Ba ta kama hannuna ba. Sai da muka kai matakalar gidanmu ta tsaya, ba ta juyo ba, ta ce da Hausa, “Gobe ni zan riƙe buta.”

Na ce, “Ke za ki riƙe.”

Ta shige wurin madubi. Ni kuma na zaga bayan gida neman inda ƙasa take da laushi.